Wasiƙa zuwa Agege: labarin manomin gyaɗa, da maganar takarar Kawu

Assalamu alaikum jama'ar Agege, da na Mile 12, da 'yan'uwana mahautan Oko-Oba. Ina gaida kowa, babba da yaro. Lafiyata ƙalau, aiki sai godiya. A yi mini aikin gafara ban jera sunaye ba, maganar da ke bakina da yawa take.

Tun ranar da na tura hoton manyan rumbunan gyaɗar nan na garin Kingaroy wayata ba ta huta ba. Tambaya uku ake ta maimaita mini. Wasu hanyar samun bizar Ostireliya suke so su ji, wasu kuɗin haya da tsadar rayuwa, mafi yawa kuma cewa suke, wai da gaske ne wani manomin gyaɗa ya yi shekara 19 yana mulkin Queensland, jihar da nake zaune? Na san inda wannan tambayar ta samo asali. Labari ya iso mini cewa mutanen ƙauyenmu sun yo takakkiya har Mile 12 suna roƙon Kawu ya koma gida ya nemi kujerar majalisar jiha. Na kuma ji abin da ake faɗa a wurin mai shayi bayan Isha'i, wai manomi ya san zafin rana, don haka ba zai ci amanar talaka ba. Duka ukun zan taɓa in Allah ya yarda.

Amma kafin komai ina roƙonku, don girman Allah, kada wanda ya sake ba mai tahowa nan ƙunshin kilishi ya kawo mini. Na san ƙauna ce, amma jefa ɗan aiken za ku yi cikin masifa. Tun cikin jirgi ake raba wani kati a ce kowa ya cike. Kana ɗauke da nama? Kana ɗauke da iri, ko ƙwaya, ko ganye? Akwai ƙasa a jikin takalminka? Ka shiga gona ko ka kusanci dabbobi cikin kwana 30 da suka wuce? Ka kasance a Afirka cikin kwana 6? To ni mahauci ne da ya taso daga Oko-Oba, kusan kowace tambaya "e" ce amsata. Aka ware ni gefe, aka shimfiɗa jakata a kan wani dogon tebur na ƙarfe. Jami'ar ta sa safar hannu ta riƙa kwance ƙullin Inna ɗaya bayan ɗaya. Kilishin da Inna ta sa aka yo mata musamman, an naɗe shi cikin takardar siminti, an sake naɗewa cikin leda biyu, shi aka fara jefawa cikin kwandon da ake ƙonawa. Ɗanyar gyaɗa ta bi shi. Daddawa kuwa ta daɗe tana jujjuya ta, ta kira abokin aikinta, suka tambaye ni da me ake yin ta. Na yi bayanin kalwa iyakar iyawata, amma da yake babu rubutu a jikinta, ita ma ta tafi. Takalmina aka karɓa aka kai wani ɗaki, aka dawo mini da shi a jiƙe yana warin magani. Ranar na ji zafi ƙwarai, ba don naman ba, don na san daren da Inna ta raba tana ƙulla kayan nan. Duk da haka da na ɓoye, da abin ya fi muni, domin wanda aka kama bai bayyana ba tara mai nauyi ake cinsa, kuma ana iya soke masa biza a mayar da shi a jirgi na gaba.

Sai da na fara aiki a mayanka na gane dalilinsu. Rabon ƙasar nan da ciwon baki da kofato, wanda makiyayanmu ke kira boru, tun 1872. Naman da suke sayar wa duniya a kan wannan shaidar yake tafiya, ranar da cutar ta ɓulla kasuwanni za su rufe musu ƙofa. Kowace saniya da ta iso gabana da 'yar na'ura a kunnenta, ana kara mata abin karantawa sai kwamfuta ta nuna gonar da aka haife ta da duk inda ta taɓa zama. Nakan tuna tirelolin da ke kwana uku a hanya kafin su sauke a Oko-Oba, saniya ta faɗi a mota ba wanda ya san daga wane ruga ta fito. Takardun nan da ke ba ni haushi, manoma na cikin masu tsayawa a kansu, saboda a nan manomi yana da murya a majalisa.

Ga kuma sanyi. Ku kuna cikin ruwan Yuli, mu nan tsakiyar hunturu ke nan, komai a juye yake. Garin da nake, Toowoomba, a kan dutse yake, in na fito ƙarfe 4 na asuba sai na kankare daskararriyar raɓa daga gilashin mota. Gidajen katako ne, don zafi aka gina su, iska na shigowa ta ƙasan daɓe. Alwalar Asuba sai an daure. Wanda ya ce muku Ostireliya rana ce kawai, bai kwana nan a Yuli ba.

To, manomin gyaɗa. Wani abokin aikina Bature ne ya kai ni Kingaroy, mahaifinsa tsohon manomi ne a can. Tafiyar ta haura kilomita 200 daga Brisbane, babban birnin jihar Queensland. Ƙasar wurin ja ce wur, irin jan da ke kama ƙafar wando. Kana shiga gari rumbunan siminti ne ke fara tarbarka, sun fi kowane gini tsawo, ƙamshin soyayyar gyaɗa ya cika titi. Na tsaya ina kallo, zuciyata na kan dalar gyaɗar Kano da ba mu tarar ba sai a hoto, gyaɗar da jirgin ƙasa ya riƙa ratsa tashar Agege da ita zuwa Apapa. Tamu ta tafi da fari da cutar da ta afka wa gyaɗa a 1975 da zuwan kuɗin mai. Tasu tana nan.

Sunan mutumin Johannes Bjelke-Petersen, kowa Joh yake ce masa. An haife shi a 1911, shekarar da layin dogo ya isa Kano. Iyayensa 'yan asalin Denmak ne, uban limamin coci ne, a Niyu Zilan aka haife shi, yana ƙarami suka dawo wata gona kusa da Kingaroy mai suna Bethany. Shan-inna ya taɓa shi yana yaro, har ya mutu yana ɗingishi. Yana da shekara 14 ya bar makaranta ya kama aikin gona. Ba gadon dukiya ya yi ba, wannan kowa ya yarda, har maƙiyansa. Ya yi noman gyaɗa, ya riƙa yi wa wasu manoma sussuka da injinsa ana biyansa, daga nan ya shiga kwangilar share daji. Dabararsa ita ce a ɗaura ƙatuwar sarƙar jirgin ruwa tsakanin katafila biyu, su ja ta, duk bishiyar da ke tsakani ta kwanta. Ya koyi tuƙin jirgin sama, yana watsa iri daga sama. Kafin ya shiga siyasa ya riga ya yi arziki.

A 1946 ya zama kansila a ƙaramar hukumar Kingaroy, a 1947 ya shiga majalisar jiha ƙarƙashin jam'iyyar Country Party, jam'iyyar manoma da mutanen karkara. Kawu, a nan nake so ku lura: shekara 16 ya yi yana ɗan majalisa kawai kafin a ba shi ministan ayyuka da gidaje a 1963. Kujerar nan ce ta gina shi, domin duk ɗan majalisar da ke neman makaranta ko ofishin 'yan sanda a mazaɓarsa sai ya bi ta teburinsa. Da Firimiya Jack Pizzey ya rasu ba zato a 1968, waɗanda ya yi wa alheri suka tuna. Suka zaɓe shi shugaban jam'iyya, ranar 8 ga Agusta, 1968 ya zama Firimiyan Queensland, irin muƙamin da Sardauna ya riƙe a Jihar Arewa. Bai sauka ba sai 1 ga Disamba, 1987.

Tsohon nan mahaifin abokina, muna zaune a barandarsa, in yana maganar Joh har idonsa ke cikowa. Ya ce kafin zamaninsa, in manomi ya mutu sai 'ya'yansa sun sayar da wani yanki na gonar kafin su biya harajin gado. Joh ya soke harajin a 1977, sauran jihohi suka bi sahu dole, don tsofaffinsu sun fara kwashe dukiya suna dawowa Queensland. Ya lissafa mini madatsar ruwa ta Wivenhoe, da gadar Gateway, da ma'adinan kwal da layin dogon da ke kai shi bakin teku, da wasannin Commonwealth da aka yi a Brisbane a 1982. Ya ce mutum ne da ba ya shan giya, ba ya shan taba, Lahadi yana coci. Ban musa masa ko ɗaya ba. Da a nan labarin ya tsaya, da masu majalisar shayi sun yi gaskiya.

Yadda ya daɗe a kujerar shi ne abin da ba a faɗa muku ba. An raba jihar shiyya-shiyya ta yadda mazaɓar karkara mai mutane kaɗan take fitar da ɗan majalisa ɗaya, daidai da mazaɓar birni mai ninkinta ko fiye. A zaɓen 1972 jam'iyyar Labor ta sami kusan kashi 47 cikin 100 na ƙuri'u, ta tashi da kujera 33 cikin 82. Jam'iyyar Joh ta sami kashi 20 kacal, ta tashi da kujera 26, ta haɗa da 21 na abokiyar ƙawancenta Liberal, ya ci gaba da zama Firimiya. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne, ba shi ya ƙirƙiro tsarin ba. 'Yan Labor ne suka kawo shi a 1949 lokacin da karkara take hannunsu. Hausawa sun ce in za ka gina ramin mugunta gina shi gajere. 'Yan Labor ɗin kuma sun riga sun rushe majalisar dattawan jihar tun 1922, don haka babu wata majalisa ta biyu da za ta ce a dakata.

Da na fahimci wannan sai na tuna maƙwabtanmu Yarbawa a Agege, yadda suke ƙorafin cewa Kano na da ƙananan hukumomi 44, Legas na da 20. Muna yara mukan ɗauka ƙiyayya ce kawai. Ban ce lissafinsu ya yi daidai ta ko'ina ba, amma yanzu na san yadda mutum ke ji in yana ganin an auna shi da ƙaramin mudu. Mai cin moriyar irin wannan rabo ba ya ganin aibinsa sai ranar da ya juyo kansa.

Mutumin da ya san ƙuri'ar birni ba za ta iya tsige shi ba, me zai sa ya saurari birni? A 1971 'yan wasan rugby na Afirka ta Kudu, zamanin wariyar launin fata, suka zo wasa. Mutane suka fito zanga-zanga. Joh ya kafa dokar ta-ɓaci ta wata guda don kawai a yi wasan, 'yan sanda suka yi wa masu zanga-zangar dukan kawo wuƙa. Mu da ƙasarmu ta tsaya tsayin daka a kan wariya, wannan kaɗai ya isa ya sa mu yi tunani. A Satumba 1977 ya hana jerin gwano a kan titi gaba ɗaya, aka kama kusan mutum 2,000 cikin shekara biyu. A 1985 ma'aikatan lantarki suka shiga yajin aiki, ya kori kusan 1,000. In 'yan jarida suka matsa masa da tambaya sai ya ce kada su damu kansu da wannan. Taron manema labarai ma ciyar da kaji yake kiransa, a watsa musu tsaba su tsattsaga su watse.

Wanda ya fi taɓa ni shi ne labarin John Koowarta, ɗaya daga 'yan asalin ƙasar, baƙar fata, makiyayi. Shi da danginsa sun so a saya musu wata gonar kiwo a bakin kogin Archer, ƙasar kakanninsu ce tun kafin zuwan Bature. Mai gonar ya yarda ya sayar, kuɗi sun samu, gwamnatin Joh ta ƙi sa hannu, don ba ta son 'yan asalin ƙasa su mallaki fili mai girma. Koowarta ya kai ƙara, kotun ƙoli ta ba shi gaskiya a 1982. Amma kafin nan gwamnati ta riga ta mayar da filin gandun dajin hukuma, wanda ba a sayarwa. Ya rasu a 1991 bai samu ba. Manomi ne ya yi wa makiyayi haka, mutumin da ya fi kowa sanin abin da ƙasa take nufi ga mai ita. Sanin zafin rana bai sa ya ji zafin wani ba.

Ƙarshen ya zo ta hannun 'yan sanda. A 1976 gwamnatinsa ta ɗauko wani sufeto, Terry Lewis, daga wani gari can cikin daji, ta tsallake manyansa da yawa, har ya zama kwamishinan 'yan sandan jiha. Shekara da shekaru gidajen caca da na karuwai suna biyan cin hanci, kuɗin na hawa sama, duk wanda ya yi magana a ce ɗan adawa ne. A 1987 Joh ya sa rai da kujerar firayim ministan ƙasa baki ɗaya, yunƙurin da ya watse ya kuma raba kan 'yan ɓangarensa har suka faɗi zaɓen tarayya. Cikin wannan shekarar 'yan jarida, kajin nan da yake watsa wa tsaba, suka tona asirin. Ba ya gari, mataimakinsa Bill Gunn ya kafa kwamitin bincike ƙarƙashin lauya Tony Fitzgerald. Kafin shekara ta ƙare 'yan jam'iyyarsa suka tsige shi daga shugabanci suka naɗa Mike Ahern. An yanke wa Lewis ɗaurin shekara 14, tsofaffin ministoci 4 suka shiga kurkuku. Shi Joh an gurfanar da shi a 1991 bisa zargin yi wa kwamitin ƙarya bayan rantsuwa, mutanen da aka zaɓo su yanke hukunci suka kasa haɗa baki, daga baya aka gano shugabansu ɗan reshen matasa ne na jam'iyyarsa. Ba a sake shari'ar ba. Don haka kotu ba ta taɓa kama shi da laifi ba, wannan haƙƙinsa ne in faɗa. Jam'iyyar ta faɗi a 1989 bayan shekara 32 tana cikin gwamnati. Ya rasu a 2005 yana da shekara 94, aka binne shi a gonarsa ta Bethany.

Na tambayi tsohon nan, duk wannan fa? Ya yi shiru, ya daɗe yana kallon gonarsa. Sannan ya ce su da ke kusa da shi sun ga alamu tun da wuri, amma wa zai je ya gaya wa mutumin da ya soke maka harajin gado cewa ya yi kuskure?

Kawu, da girmamawa nake wannan magana, gyara kayanka bai zama sauke mu raba ba. Ni shaida ne a kan amanarku. Na ga yadda manoma ke turo muku motar albasa daga gida ba takarda ba shaida, ku sayar a Mile 12 ku aika musu kuɗinsu cif, har a shekarar da kasuwa ta faɗi. Amma a kasuwa akwai masu ce muku a'a. Akwai shugabannin kasuwa, akwai dillalai 'yan'uwanku, akwai manomin da in kun saɓa masa baɗi wani zai kai wa kayansa. A siyasa waɗanda za su fara kewaye ku 'yan amshin shata ne. In kun yanke shawarar fitowa, ina roƙon ku zaɓi mutum biyu ko uku da ba sa cin komai a hannunku, ku ba su izinin shigowa ba sallama su faɗa muku abin da ba ku son ji. Kuma ku duba maganar farawa daga ƙasa. Shi wancan da duk ƙarfinsa daga kansila ya fara. Kada ku sayar da gonar fadama don kuɗin takara, domin wanda ya shiga da bashi, masu bashin yake wakilta.

Ku kuma samarin da ke ta tura mini hoton Kawu da hula an rubuta "sai ka yi", ina katin zaɓenku yake? Da yawanmu a Agege aka haife mu, amma rajistarmu na ƙauye, ranar zaɓe ba mu je can ba, ba mu yi a nan ba. Lokacin da aka hana acaɓa a ƙananan hukumomi 6 na Legas a Yunin 2022, 'yan'uwanmu nawa suka rasa abin yi dare ɗaya? Wane ɗan majalisa ne ya ji tsoron ƙuri'arsu? INEC tana ba da damar mayar da rajista zuwa inda mutum yake zaune, a je a yi tun kafin a rufe. A nan jefa ƙuri'a dole ne, wanda bai yi ba tara ake cinsa, kuma jihar nan ce ta fara kafa dokar tun 1915.

Maganar biza, a taƙaice: kada ku ba kowa kuɗi a Legas don ya ce zai samo muku aiki a nan. Ni kamfanin da ya ɗauke ni ne ya tsaya mini, kuma takardun sun ci fiye da shekara. Kuɗin haya mako-mako ake biya, ba shekara-shekara irin namu ba, bayaninsa sai wata wasiƙar.

Na ji an ce Kawu zai tafi gida kafin kaka don ganawa da dattawa. Don Allah wani ya karanta masa wannan kafin ya hau mota, a karanta har wurin labarin Koowarta, kada a tsaya a madatsar ruwa da gada. A gaida Inna, a ce mata kukar da kuɓewar sun tsallake, har yanzu da sauransu.

Wassalam, ɗanku a Toowoomba.